Daga Fensir Zuwa Kyamara: Abubuwan Mamaki Kan Masu Zanen da Suka Koma Shirya Fim

A Gidan Dahala, kamar kowace unguwa a birnin Sakkwato, ba a rasa yaron da bayan littafinsa na makaranta ya cika da zanen doki da babur da 'yan dambe. Ladan da ya saba samu shi ne ranƙwashi daga malami, a gida kuma a ce yana ɓata takarda. To amma da yawa daga cikin manyan masu shirya fim na duniya da irin wannan ɓata takardar suka fara. Ga kaɗan daga labaransu, na kusa da na nesa.

Maƙwabcinmu na Tawa

Wanda ya shiga mota a Tashar Illela, ya bi ta Kware da Gwadabawa, ya tsallaka iyaka zuwa Birnin Kwanni ya miƙe arewa, zai isa Tawa bayan tafiyar kilomita 200 da 'yan kai. A wannan gari na Adar wani mutum ya zauna shekaru masu yawa yana riƙe da otal ɗinsa, wasu ɗakunan na baƙi, wasu kuma ya mayar da su wurin zane da ɗaukar hoto. Sunansa Moustapha Alassane, kuma duk inda masana suka zauna lissafa waɗanda suka fara fim ɗin katun a Afirka, sunansa na cikin na farko-farko. Mu da muke maƙwabtaka da shi, Adarawa cike da garinmu, kusan ba mu taɓa jin labarinsa ba.

An haife shi a 1942 a N'Dougou cikin Nijar. Kanikanci ya fara koya. Tun yana yaro yake haɗa akwati da fitila yana haska zane-zanensa mutanen gari na kallo, a lokacin da babu silima kusa da su. Daga baya ya samu aiki a cibiyar bincike ta IFAN a Yamai, inda ya haɗu da Bafaranshen nan mai ɗaukar fim, Jean Rouch, wanda ya buɗe masa hanyar zuwa Kanada wurin Norman McLaren, gwanin motsa zane.

Abin da ya fi ba ni dariya a aikinsa shi ne kwaɗi. Mutumin nan ya ga sababbin shugabannin Afirka bayan samun 'yancin kai, da jerin gwanon motocinsu da faretin sojojinsu da fadawansu, sai ya zana su duka a siffar kwaɗi. La Mort de Gandji na 1965 labarin fadar wani sarkin kwaɗi ne. Bon Voyage Sim na 1966 kuwa, wanda bai wuce minti 5 ba, shugaban ƙasar kwaɗi ne ya tafi ziyarar aiki wata ƙasa, aka tarbe shi da duk irin bidirin da muka sani. Ba a ambaci sunan kowa ba, amma wanda ya tsargu ya san da shi ake.

A wannan shekarar ta 1966 ya yi Le Retour d'un aventurier, wanda ake ɗauka shi ne fim ɗin kaboyi na farko da ɗan Afirka ya shirya a Afirka. Wani saurayi ne ya dawo daga Amurka da akwati cike da kayan kaboyi, ya rarraba wa abokansa, suka hau dawaki suka addabi ƙauyensu. A nan Zalika Souley ta fara fitowa, wadda ta zama tauraruwa ta farko a finafinan Nijar. A 1972 ya fitar da FVVA, haruffan farko na abubuwa huɗu a Faransanci: mace, gida, mota, kuɗi. Shekara hamsin da ɗoriya ke nan, kuma har yau rabin finafinanmu a kan waɗannan huɗun suke zagayawa.

Sai Kokoa, inda 'yan tsana masu siffar kwaɗo da hawainiya da tsuntsu suke kokawa a fili da makaɗa da 'yan kallo. Ba abin mamaki ba ne mazaunin Tawa ya yi fim kan kokawa, don a garin aka fara gasar kokawa ta takobi ta ƙasar Nijar a 1975, wadda Kantu na Maraɗi ya lashe.

Ya shugabanci sashen fim na Jami'ar Yamai shekara 15. Faransa ta ba shi lambar girma a bikin Cannes na 2007. Ya rasu a Wagadugu ranar 17 ga Maris, 2015. Bayan shekara biyu, babban gidan adana zane na MoMA da ke New York ya ware kwanaki yana nuna finafinansa ɗaya bayan ɗaya. Mutanen New York sun gani. Mutanen Illela ba su gani ba.

Ɗan lissafi

Fim na tafiya da hoto 24 a kowace daƙiƙa. Masu katun kan rage wahala su nuna kowane zane sau biyu, wato zane 12 a daƙiƙa. Ko da haka, fim mai minti 5 yana cin zane 3,600. A riƙe wannan lissafin a zuciya kafin a raina ɗan gajeren katun.

Mai sanƙon da ya fito daga takarda

Duk wanda ya girma da talabijin a Najeriya ya san Papa Ajasco, dattijon nan mai sanƙo da ke marin kansa idan abu ya ɗaure masa, da Boy Alinco mai tafiyar ƙasaita, da Pa James, da Miss Pepeiye. Abin da ba kowa ya sani ba shi ne cewa yawancin mutanen nan sun yi shekaru a kan takarda kafin wani ɗan wasa ya sa kayansu. Wale Adenuga, haifaffen Ile-Ife a 1950, harkar kasuwanci ya karanta a Jami'ar Legas, yana zanen barkwanci a mujallar ɗalibai. A 1976 ya kafa mujallar Ikebe Super, kuma da farko shi ne mai zane, shi ne marubuci. Daga baya ya ƙara da Super Story da Binta, ta yara.

A farkon shekarun 1980 ya mayar da Papa Ajasco fim na silima. Da tattalin arziki ya karye a ƙarshen shekarun, takarda ta yi tsada, masu saye suka ja baya, sai ya kwashe mutanensa gaba ɗaya ya kai su talabijin. Super Story ta fara a talabijin a 2001, ta zama abin da iyalai ke jira daren Alhamis. A 2004 ya buɗe makarantar koyon fim ta PEFTI a Legas. Idan ana neman ɗan Najeriyar da ya bi wannan hanya daga farko har ƙarshe, daga zane zuwa silima zuwa tashar talabijin ta kansa, to shi ne.

Fim a cikin mujalla

Dattawan da suka yi samartaka tsakanin 1968 da 1972 za su tuna da African Film, mujallar kamfanin Drum mai ɗauke da labarin Lance Spearman, ɗan leƙen asiri mai hular malafa da sigari da ƙaramar bindiga. Ba zane ba ne, hotunan mutane ne na gaske aka jera, aka rubuta maganarsu a kusa da bakinsu. An sayar da ita daga Legas har Nairobi. Fim ne sosai, motsi kawai ya rasa.

Amina ta tsallaka teku

Roye Okupe ɗan Legas ne da ya karanci kwamfuta a Amurka. Katun ya so yi tun farko, masu kuɗi suka ƙi kallonsa, sai ya ajiye aikinsa ya koma buga littattafan labarin zane a kamfaninsa YouNeek. Ɗaya daga cikin jarumansa ita ce Malika, sarauniya mayaƙiya wadda shi da kansa ya ce daga tarihin Sarauniya Amina ta Zazzau ya samo ta. A 2019 aka yi mata gajeren katun, Adesua Etomi ta ɗora murya. A 2025 kuma wani labarin nasa, Iyanu, ya fito a tashar Cartoon Network. Ba laifinsa ba ne da ya riga mu. Tarihi ba ya da ƙofa. Amma Bayajida na nan, Kanta na Kabi na nan da ganuwarsa ta Surame kusa da mu, kuma babu wanda ya hana ɗan Sakkwato zana su.

A Abuja ma akwai Adamu Waziri, wanda ya karanci zanen gine-gine ya koma katun, ya ƙirƙiro Bino and Fino a 2010 don yara su ga masu kama da su a allo. Disney kuwa sai da ta zo da kanta ta haɗa hannu da kamfanin labarin zane na Kugali suka yi Iwájú a 2024, labarin Legas ta nan gaba.

Indiya ma haka

Masoya finafinan Indiya, ga naku. Satyajit Ray, wanda Indiyawa ke ɗauka babban daraktansu, mai zanen talla ne a wani kamfani a Kalkata. Aka ba shi aikin yi wa littafin Pather Panchali zane a bugun yara, labarin ya shiga ransa, ya ƙudura sai ya mayar da shi fim alhali bai taɓa ba da umarni ba. Bai rubuta cikakken sikirif ba. Littafin zane ya riƙa yawo da shi wurin masu kuɗi, suna juya masa baya. Sai da aka jinginar da gwala-gwalan matarsa. A ƙarshe gwamnatin jihar Bengal ta Yamma ta ba da kuɗi, kuma da yake akwai maganar hanya a sunan fim ɗin, aka shigar da kuɗin ƙarƙashin kasafin gyaran hanyoyi. Ya fito a 1955, ya ci kyauta a Cannes a 1956. A 1992 aka kai masa Oscar ta girmamawa yana kwance a asibiti, saura makonni kaɗan ya rasu.

Akwai kuma Bapu, mai zanen barkwanci a jaridun harshen Telugu. Shi ya ba da umarnin Hum Paanch a 1980, mai Mithun Chakraborty da Amrish Puri, kuma shi ya ba Anil Kapoor matsayin jarumi na farko a fim ɗin Hindi, Woh Saat Din, a 1983. Amitabh Bachchan kuwa ta baya ya bi hanyar: a farkon shekarun 1980 aka mayar da shi jarumin littafin zane mai suna Supremo, marubucin waƙoƙin nan Gulzar yana duba labarin.

Tsofaffin hannu

Émile Cohl ya haura shekara 50 da haihuwa yana zanen shaguɓe a jaridun Faransa kafin ya taɓa kyamara. A 1908 ya yi Fantasmagorie da zane kusan 700, bai kai minti 2 ba. A farar takarda ya yi zanen da baƙin layi, aka juya hoton wurin wanki, ya fito kamar alli a kan allo. Ya mutu cikin talauci a Janairun 1938, kwana ɗaya kafin Georges Méliès, wani uban fim ɗin da shi ma duniya ta manta da shi.

A Amurka, Winsor McCay ya yi zane kusan 10,000 don ya motsa wata ƙatuwar dabbar zamanin da mai suna Gertie a 1914. Yakan tsaya a gaban allo da bulala yana ba ta umarni tana bi, 'yan kallo baki buɗe. Mai gidansa, attajirin jaridu William Randolph Hearst, bai ji daɗi ba, ya takura masa ya koma teburin zanen jarida.

Federico Fellini na Italiya, mai Oscar huɗu a rukunin finafinan harsunan waje, ya buɗe shago a birnin Rum a 1944 yana zana fuskokin sojojin Amurka suna biya su aika gida. A wannan shagon darakta Roberto Rossellini ya same shi ya ja shi cikin rubutun fim.

Japan, inda abin ya zama al'ada

Osamu Tezuka likita ne mai takardar shaida, amma bai zauna asibiti ba. Ya bar shafukan zane kusan 150,000. A ranar 1 ga Janairu, 1963 ya fara nuna Astro Boy a talabijin kowane mako, abin da kowa ya ce ba zai yiwu ba. Dabararsa ita ce rage yawan zane: a tsayar da jiki, baki kaɗai ya riƙa motsi, a ajiye wasu fitowar a sake amfani da su. Talauci ne ya haifi salon, amma shi ne ya zama tambarin katun ɗin Japan da yaranmu ke kallo a waya yau. Masu ƙorafin rashin jari su lura da wannan.

Hayao Miyazaki ya kai shawarar fim aka ce ba za a zuba kuɗi a labarin da ba shi da littafi a kasuwa ba. Ya ce to, ya zauna ya fara zana Nausicaä a 1982. Littafin ya karɓu, aka yi fim a 1984, shi kuwa bai gama zana labarin ba sai 1994. Har yau ba ya jiran a kammala rubutu. Zanen fitowa-fitowa yake yi, ma'aikatansa su fara aiki alhali shi kansa bai kai ƙarshen labarin ba. Ya ci Oscar a 2003, ya sake ci a 2024 yana ɗan shekara 83.

Na Katsuhiro Otomo ya fi ɗaure kai. Ya mayar da littafinsa Akira fim a 1988 da zane sama da 160,000, tun kafin ya gama littafin mai shafi fiye da 2,000. Labarin yana faruwa ne a Tokyo ta 2019, ana shirin gasar Olamfik ta 2020. Bayan shekara 25, a 2013, sai ga shi an ba Tokyo gasar 2020 da gaske. A cikin fim ɗin har akwai allon da ke ƙirga kwanakin da suka rage, wani ya rubuta a ƙasa a soke gasar. Annobar korona ta zo ta ɗage ta zuwa 2021. Ba duba ya yi ba, dacewa ce, amma an sha surutu.

Mata biyu

Marguerite Abouet an haife ta a Abijan a 1971, ta tafi Faransa tana 'yar shekara 12. Tana aiki a ofishin lauyoyi ta gaji da yadda ake nuna Afirka, kullum yunwa da yaƙi, sai ta rubuta labarin unguwarsu Yopougon: 'yan mata, samari, iyaye masu faɗa, gulma, biki. Clément Oubrerie ya zana. Aya de Yopougon ya fito a 2005, ya ci kyauta a bikin Angoulême a 2006, su biyun suka mayar da shi katun a 2013. Duk mai karanta littattafan soyayyarmu zai ga 'yan'uwansa a ciki.

Marjane Satrapi 'yar Iran ce, ta zana tarihin yarintarta a lokacin juyin juya halin 1979 da baƙi da fari kawai, ta sa masa suna Persepolis. Fim ɗin ya samu kyautar alƙalai a Cannes a 2007, hukumomin Iran suka yi ƙorafi. A 2011 wata tashar Tunisiya ta nuna shi, aka yi zanga-zanga saboda wata fitowa da Musulmi da dama suka ga ta ƙetare iyaka, kotu ta ci tarar mai tashar. Zane ba ya da hayaniya, amma yana iya tayar da gari. Mai son shiga sana'ar a ƙasarmu sai ya san mutanensa, ya kuma san abin da malamai suka faɗa kan zanen mai rai, don magana ce da ake yi, kuma ba bakinsu ɗaya ba a kan abin da aka yi domin koyar da yara.

Ba kowane gwanin fensir ba

Frank Miller ya ƙi sayar da littafinsa Sin City ga 'yan fim, har sai da Robert Rodriguez ya ɗauki fitowa guda da kuɗinsa ya nuna masa. Rodriguez ya ce tunda kowane hoto daga zanen Miller aka kwafo, dole a rubuta sunansa a matsayin darakta. Ƙungiyar daraktocin Amurka ta ce dokarta ba ta yarda ba, shi kuwa ya ajiye katin ƙungiyar ya fita. Abokinsu Quentin Tarantino ya ba da umarnin fitowa ɗaya a kan dala 1. Fim ɗin ya yi kasuwa a 2005. Da Miller ya ga haka sai ya tsaya shi kaɗai ya yi The Spirit a 2008, ya faɗi warwas, ko uwar kuɗi bai mayar ba. Hotunan sun yi kyau, 'yan wasan ne suka zama gumaka. Iya tsara hoto daban, iya sarrafa ɗan'adam a gaban kyamara daban.

Darakta Alejandro Jodorowsky shi kuma baya ya koma. Ya daɗe a tsakiyar shekarun 1970 yana shirin fim ɗin Dune, mai zane Moebius ya cika masa ƙaton littafi da hotuna, kamfanoni suka tsorata da kuɗin. Da fim ya gagara, sai su biyun suka juye tunaninsu cikin littafin zane, L'Incal, wanda ya fara fita a 1980.

Zanen da ya fitar da mutane daga Tehran

Jack Kirby, wanda hannunsa ke cikin ƙirƙirar Black Panther da Hulk da X-Men, ya yi zane don wani fim da aka fasa. A Janairun 1980 hukumar leƙen asirin Amurka ta CIA ta ɗauki waɗannan zane-zane da sikirif ɗin, ta buɗe ofishin fim na bogi, ta shigar da jami'inta Tony Mendez Iran a matsayin mai neman lokeshin. Da haka ya fito da ma'aikatan jakadancin Amurka shida ta filin jirgin sama a matsayin 'yan fim daga Kanada. Shi kansa Mendez mai zane ne kafin ya shiga aikin asiri. Labarin ne aka yi fim ɗin Argo da shi a 2012.

Dala 130

Abin da aka biya Jerry Siegel da Joe Shuster ke nan a 1938 suka sallama Superman ɗungurungum. Kamfani ya kwashi miliyoyi, Shuster mai zanen ya tsufa idonsa na mutuwa yana aikin kai saƙo. Sai a 1975, da kunya ta kama kamfanin ana shirin babban fim, aka yanka musu dala 20,000 kowace shekara aka mayar da sunansu. Cekin da aka rubuta musu tun farko an yi gwanjonsa a 2012 a kan dala 160,000. Marubucin da furodusa ya tare a lungu ya ce ga ɗan abin shan ruwa a ba shi labari, ya tuna da waɗannan bayin Allah kafin ya miƙa hannu.

To mu fa?

Masana'antar finafinan Hausa daga alƙalami ta fito fiye da fensir. Shaihu Umar na Adamu Halilu a 1976 daga littafin Abubakar Tafawa Ɓalewa aka ɗauko shi. Bayan Turmin Danya na 1990, marubutan Kano ne suka yi dafifi zuwa kyamara: Ado Ahmad Gidan Dabino ya mayar da In Da So Da Ƙauna fim a 1994, ga Bala Anas Babinlata, ga Ɗan'azumi Baba Ceɗiyar 'Yangurasa, ga Balaraba Ramat Yakubu. Wannan gado ya ba mu finafinai masu daɗin zance. Shi ne kuma ya sa har yau mutum zai iya juya wa talabijin baya yana wanke-wanke, ya fahimci fim ɗinmu tsaf ba tare da ya kalla ba. Mutum biyu a kan kujera a falo, wannan ya faɗa wancan ya mayar, kyamara na tsaye wuri ɗaya.

Masu zanen kuwa muna da su. Su ne suka yi bangon littattafan kasuwar Kano kafin kwamfuta ta karɓe aikin, su ne ke zana zaki da dawisu a bayan manyan motoci, su ne ke rubuta allon shaguna. A jarida ga irin su Mustapha Bulama, wanda zanensa ɗaya a Daily Trust kan faɗi abin da sharhin shafi guda bai faɗa ba. Ba a dai saba gayyatarsu wurin shirya fim ba.

Ga abin da gayyatar ke jawowa. Ridley Scott ya zauna ya zana fim ɗin Alien fitowa bayan fitowa kafin a fara ɗauka. Da shugabannin kamfani suka gani, suka ninka masa kasafi daga dala miliyan 4.2 zuwa 8.4. Mad Max: Fury Road, wanda aka ɗauka a hamadar Namibiya ya ci Oscar shida, da zane kusan 3,500 aka fara shi kafin a rubuta shi, kuma mai labarin zane Brendan McCarthy na cikin marubutansa. Dalili a fili yake. Kuskuren da aka yi a takarda magogi ne ke gyara shi. Wanda aka yi a lokeshin kuwa, ga hayar kyamara, ga man janareta, ga abincin mutum talatin, ga jaruma na duba agogo za ta wuce wani aikin.

Don haka ga daraktocinmu na Sakkwato da Kano da Maraɗi: kafin fita aiki na gaba, a nemi mai zane ɗaya, a ba shi sikirif da rim ɗin takarda da mako biyu, a biya shi haƙƙinsa, a kuma rubuta sunansa a allo.